Baƙon da Na Ɗauko Daga Ƙiryar Gwamma

Ku samarin da ke wucewa ta bakin rumfata da injin yankan itace ɗaure a bayan moto, kada ku ɗauka kunnena ya mutu. Ina jin ku sarai. Wai Naino ya tsufa, icen da za ku kayar kafin shayi ya tafasa, shi sai ya yi kwana uku yana kewaya shi kamar mai neman aure. Ban musa ba, ina kewayawa. Shekara arba'in da 'yan kai ke nan ina sassaƙa a Madarumfa, turmi da taɓarya da akushi, da komin masunta lokacin da ake samun icen yinsa, kuma ban taɓa ɗora gatari a jikin babban ice ban bincika ko da mai gida a ciki ba. Ku kashe injin ku zauna, hira ba ta cin mai.

Wurin kawuna Mati na koyi aikin, ƙanen mahaifiyata, a wani ƙauye cikin ƙasar Safo. Shi al'adar kakanni ya riƙe har ya koma, ni kuwa ubana ya ɗora ni a kan salla tun ina ƙarami, kuma wannan bai taɓa haɗa mu faɗa ba. In lokaci ya yi, shi ne ma ke ce mini, "Tashi ka gai da Ubangijinka, gizago ba shi gudu." Kayan aikinsa ba su cika buhu ba. Gatari biyu, na sara da na gyara. Gizago babba mai buɗe cikin turmi, da ƙarami mai lanƙwasasshen baki wanda ke bin ƙasan ciki. Sai makankari, da wani dutsen washi da ya lotse a tsakiya don daɗewa. Shekarata biyu ba abin da na taɓa sai dutsen nan. Turmin da na fara yi da hannuna kuwa, na yi ta rarake shi ina jin daɗin yadda sassaƙe ke tashi, har gizago ya leƙa ta gindi. Kawu ya ɗaga shi sama, ya hango ni ta cikin hujin, ya ce, "Madalla. Wanga sai mu kai ma mai son daka ma kaji." An shekara a ƙauyen ana kirana Mai-turmin-kaji.

Wata safiya ya kai ni gindin wata ƙirya a bayan gonaki, ya ce in zauna in kalle ta, shi ya tafi abinsa. Da hantsi ya dawo.

"Mi ka gani?"

"Ice," in ji ni.

"Koma ka zamna."

Sai da na yi kwana huɗu ina zaman nan kafin idona ya fara aiki. Na lura cinnaku suna zuwa a layi, in sun kai gindin sai su raba hanya su kewaye, ba mai hawa. Na lura tsuntsu yana sauka a kanta amma ba ya sheƙa. Ta ɓangaren gabas ɓawon ya yi sulɓi kamar inda saniya ke susa, alhali wurin ya fi ƙarfin tsawon saniya. Da rana ta take, awaki suka bar wannan inuwa mai kauri suka je suka cunkushe ƙarƙashin wata 'yar kalgo. Da na faɗa wa kawu, ya gyaɗa kai ya ce yau na fara zama masassaƙi, wannan ice da mai gida.

Mu ba mu kiran sunansu. Mai gida muke cewa, ko mu ce na tsamiya, na gawo, na ƙirya, don kowane ice da irin nasa, kuma halinsu ya sha bamban kamar na dabbobin gida. Na tsamiya su ne masu taro, gida guda za ka tarar da kaka da jikoki, ga surutu da tsakar rana, shi ya sa ba a tashinsu, ba mai iya kwashe su. Na kuka tsofaffi ne, kurame, barci ya fi yi musu yawa, kana iya saran ɓawo ka yi igiya ba su farka ba. Na gawo kuwa 'yan ci-rani ne, amma nasu a juye yake. In damina ta sauka gawo ya zubar da ganye, sai su tattara su yi kudu, ba su dawowa sai ya sake tofo da kaka. Wanda ya san haka da damina yake saran gawo, gida ne ba kowa. Bedi, wato darbejiya, da icen turare, waɗannan da aka kawo mana daga baya, ba mai zama a cikinsu. Kawu ya ce ɗacin bedi ne ke korarsu, na turare kuma warin.

Na ƙirya shi ne namu, don ƙirya ita ce uwar turmi, gawayinta kuma shi maƙera ke nema. Shi kaɗai yake zama, biyu ba su haɗa ice. Yana da tsawon rai, yana da sanyin jiki, ba ya son ƙanshin ƙarfe, kuma icen da gatari ya ɗanɗana ba ya sake shigarsa. Yana saɓa sau ɗaya a shekara, da bazara, za ka ga wani gari mai launin toka a mahaɗar rassa. Ba ya iya taka ƙasa. In aka sare ice yana ciki, nan zai ƙare, don ba ya kai faɗuwar rana a wajen ice. Ban taɓa ganinsa ba, kawu ma bai taɓa ba, kuma duk wanda ya ce muku ya ga ƙahonsa ko jelarsa ku riƙe aljihunku. Nauyinsa kawai na sani.

Na san abin da wani cikinku zai ce, ya Naino mai salla yake wannan zance. Ban taɓa durƙusa wa ice ba, ban taɓa yanka masa ko ɗan tsako ba. Amma malamai ma ba su musa cewa Allah ya halicci abin da ido ba ya gani ba. In za ka rushe ɗaki ka ji motsi a ciki, ai ka yi sallama tukun.

Ga yadda ake tashinsa. Kafin komai ka samo masa sabon gida, ƙirya lafiyayya wadda ba kowa a ciki, mai ita kuma ya yarda. Yardar nan ba ƙaramar abu ba ce, don wanda aka tayar sau ɗaya ba a sake tayar da shi, icen da ya shiga ya fi ƙarfin gatari har ya mutu don kansa. Sannan ka je safiya uku kana faɗa masa da baki cewa za a buƙaci gidan. Ran na huɗu ka kawo sabuwar ƙwarya da ɗan ɗanyen nono a ciki, don ƙanshin nono ke jawo shi, ka jingina ta da gindin icen, ka koma gefe. In ka ɗaga ka ji ta yi nauyi kamar an sa ɗan akuya, ya shiga. Ka rufe da faifai, ka ɗora a ka. Daga nan bakinka ya mutu. Ba magana, ba amsa gaisuwa, ƙwarya kuma ba ta taɓa ƙasa sai a gindin sabon icen. Can ma ba ka saukewa sai mai icen ya yi masa maraba da bakinsa, don shi ba ya shiga gidan da ba a ce ya shigo ba.

Mata su ne alƙalanmu. Mace ta zo sayen turmi sai ta ƙwanƙwasa gefensa da zobe ta kasa kunne, ta zura hannu ta shafa ƙasan ciki, ta jijjiga shi ta ga ko yana rawa. Tsofaffin cikinsu kuma, har masu zuwa masallaci, sai su sassauta murya su ce, "An dai sallami mai gida?" Sun ce turmin da aka sare da mai shi a ciki hatsi ba ya zama, tsalle yake yi waje, kuma ba ya shekara bai tsage ba. Akwai turamena da aka kai wa amarya, yau jikarta ke daka a ciki. Wannan shi ne abin da nake taƙama da shi, ban da wani.

To, bari in zo kan mugunyar shekara, wadda ruwa ya ɗauke hatsi yana bununi. Ba a kai ko'ina cikin rani ba rumbuna suka koma ɗakin ɓeraye. Tafkin Madarumfa ya ja baya har masunta na taka inda dā suke jefa taru. Wa zai sayi turmi ba shi da abin dakawa? Abin da ya rage wa talaka shi ne ice. Kullum asuba amalanke ne jere a hanyar Maradi, an loda musu itace da gawayi, ba mai sallamar kowa, ba kuma na zargin kowa, yunwa ba ta san wannan ba. Sai wani ɗan kasuwa daga Jibiya ya fara zuwa yana karɓar turamen ƙirya yana ba da masara, wai a kudu ana nemansu. Duk mai ƙirya a gona ya fara yi mata wani irin kallo.

Cikin haka Gwamma ta aiko kirana. Tsohuwa ce a ƙauyen kawuna, shi lokacin ya rasu, ita ce ta rage a gidansu mai riƙe da al'adar dā, 'ya'yanta duk sun musulunta. Ƙiryarta na tsakar gida, babba, mutum biyu ba su rungume ta. Na tarar da jikokinta zaune a inuwar, ba mai wasa a cikinsu. Babban ɗanta Lawali ya riga ya wasa gatari tun kwana biyar, ita ta hana.

"Ɗan Mati," ta ce da ni, don haka take kirana, "iccen ga za shi tahi, ɗiyan ga su ci. Na yarda. Amma ban yarda a kashe shi da mai shi ciki ba. Kai kaɗai kar rage da ka san hanya. Ka sama mishi wuri?"

"Akwai, Inna," na ce. "Ƙiryar Gado, hanyar garin Sarkin Yamma. Na yi mishi magana, ya amince."

Ban yi ƙarya ba, amma ban faɗi gaskiya duka ba. Gado abokina ne, na tambaye shi a kasuwa ya ce ba komai, sai dai maganar ta kai wata biyu, icen kuma rabona da ganinsa tun kaka. Kawu ya sha gaya mini ranar jajibiri ka je da ƙafarka ka dafa sabon icen da hannunka. Ni kuwa na duba nisan, na duba cikina da ba komai, na ce ice ai ba ya tafiya. A shekarar da itatuwa ke tafiya Maradi a kan amalanke kullum safiya! Sauri ya haifi nawa, ni na jawo wa kaina.

Safiya uku na yi sallama. Ran na huɗu Gwamma ta kawo nonon da ta roƙo a rugar Fulani, ko rabin ludayi bai kai ba. Ba mu daɗe ba ƙwarya ta yi nauyi. Na rufe, na ɗora a gammo, na miƙe. Al'ada ba ta ce mai tsohon ice ya biyo ba, amma Gwamma ta ɗauki sandarta ta ce maƙwabci ba ya tashi ba rakiya. Ba mu fita ƙauyen ba na ji gatarin Lawali ya fara magana a bayanmu. Haka ake yi, ba laifinsa. Amma daga wannan sara ba sauran komawa.

Da hantsi muka isa gonar Gado. Tun daga nesa na ga sarari inda ya kamata in ga duhu. Kututture ne kawai, da baƙin wurin da aka toya gawayi. Daga baya na ji Gado ya tafi ci-rani, ƙannensa suka sare, ba su san da maganarmu ba. Na tsaya. Na ji tsoro irin wanda ban taɓa ji ba, ga baki ba damar ko salati a fili. Gwamma ta iso tana haki, ta dubi kututturen, ta dube ni. Na jira zagi, don na cancanta.

"Ba ka zo ka duba ba," ta ce. Ba tambaya ba ce. Ta gyara zanenta. "To, rana ba ta yi nisa ba. Wuce mu tahi, ni ce bakinka."

Na san kowace ƙirya ta wannan yanki kamar yadda makiyayi ya san shanunsa, sai na shiga bin su ɗaya bayan ɗaya. Ta farko kututture. Ta biyu kututture. Ta uku tana tsaye, zuciyata ta yi fari, da na matsa sai na ga layin cinnaku ya rabu biyu a gindinta, da mai ita a ciki. Muka wuce. A bakin wani ƙauye muka tarar da maza zaune ƙarƙashin bedi, duk sun san ni, na yi wa matansu turame. "Sannu Naino! Ina gajiya?" Na wuce kamar kurma. Na ji ɗaya yana cewa yunwa ta fara taɓa masassaƙi. Gwamma ce ke amsawa a bayana, "Lahiya lau yake, kaya gare shi, ku yi haƙuri." Bedi kuwa ga shi nan ko'ina, kore shar, inuwa har ta yi yawa, ba wadda za ta yi mana amfani. Ranar na tsani icen nan.

Azahar ta wuce ni a tsaye da ƙwarya a ka. Wannan har yau yana ci mini rai, ko da yake na rama. Wuyana ya sandare, gumi na shiga idona ba hannun sharewa. Wajen la'asar muka sami wata ƙirya mai kyau, ba kowa a ciki, a gonar wani dattijo, Malam Isuhu, muka kuwa same shi a wurin yana tsintar kara. Gwamma ta durƙusa ta gaishe shi ta faɗa masa buƙata. Mutumin bai yi mana dariya ba, bai yi mana wa'azi ba. Ya ajiye karan da ya tsinta.

"Inna, wallahi ba ƙi nike ba," ya ce. "In na ce mishi shi shigo, iccen ya hita hannuna har abada. Jibi nike son sare shi. Ni ma bakuna goma sha ɗaya ke jirana gida."

"Gaskiyarka, Malam," in ji Gwamma. "Allah shi ba mu wucewa lahiya."

A nan zan faɗa muku abin da na daɗe ban faɗa wa kowa ba. Tun a gonar Gado na san da wata ƙirya, lafiyayya, ba kowa a ciki, don ni da kaina na bincika ta. Tana gonar gadonmu a bayan Madarumfa. Tawa ce. Shekara ashirin ina kiwonta, na riga na yi magana da ɗan kasuwar Jibiya a kanta, matata Hajara ta san ranar da zan sare ta, yaranmu biyar a kan masarar nan suke kwana suna tashi. Duk yawon da na yi da tsohuwar nan a rana, kewaye nake yi wa icena. Ƙafata ce ta ƙi.

Abin da ya juya ni shi ne ƙwaryar. Da safe nauyin ɗan akuya gare ta. Da muka bar Malam Isuhu sai na ji ta koma kamar kaza. Kuna iya cewa wuyana ne ya mutu ya daina ji, ba zan yi gardama da ku ba. Ni dai na san abin da kawu ya ce yana nufi, yana ƙarewa. Amana na ɗauko, mai gida ne zaune lafiya a gidansa na ce masa ya fito akwai wuri. Na juya na nufi gida.

Labari ya riga mu. Garin da ake ganin mutum yana yawo da ƙwarya ba ya amsa sallama, ai ba a rasa mai kai wa matarsa. Rana ta yi ja muka shiga gonar, na hango Hajara tsaye a gindin ƙiryar, ta harɗe hannu. Ku tuna, ni ba ni da baki. Ice nawa ne, amma ba zan iya yi wa baƙo maraba ba. Duk duniya ba wanda ya isa ya faɗi kalmar nan sai ita da muka haɗa gida da gona, ita ma ta sani.

"Na san nan za ka ƙare," ta ce. "Tun da anka ce mini an gane ka wajen Gado kana juyi, nic ce mutumin ga gida za shi kawo mini shi. To, kai ba ka iya magana, ni ina iyawa. Mi zan ba ɗiyan ga? Inuwa za su ci? Kwana nawa ina lallashinsu da ruwan zahi ina ce musu masara na tahe? Kai kay yi ganganci, mu za mu biya?"

Gwamma ta ƙaraso tana jan ƙafa, sai lokacin ta gane ko icen wa ne. Ta dafa sanda da hannu biyu.

"A'a. Ɗiyata, gaskiya gare ki, ban san naku na ba. Ban ci da jikokina da tuwon ɗiyanki." Ta juyo gare ni. "Ɗan Mati, aje ta ƙasa. Ni nit tada shi, alhakin bisa kaina. Na yahe ma. Aje."

Ban ajiye ba. Ba jarumta ba ce, hannuna ne ya kasa. Muka tsaya mu uku, rana na sauka bayan tafki. Hajara ta sunkuyar da kai, ina jin a nan idonta ya faɗa kan ƙafafun tsohuwar, ba takalmi, faso ya buɗe yana jini, ƙaya ta yi musu kaca-kaca.

"Inna, tun daga ƙauyenku kike biye da shi a ƙasa?"

"Rakiya ce."

"Shi abin ga, mi yat taɓa yi miki?"

"Bai taɓa yi mini komi ba," in ji Gwamma. "Shi ke nan abin da yay yi. Tun ina amarya muke gida guda. Ɗiyana bakwai sun yi rarrahe ƙarƙashinai, ko reshe bai taɓa hwaɗo ma guda ba. Maƙwabcin da kunka yi shekara hamsin bai cuce ka ba, ai ba ka barin shi mutu a hanya."

Na riga na fidda rai. Sai Hajara ta juya ta karyo reshen sabara, ta duƙa ta share gindin icen tas, irin sharar da take wa ɗaki in za a yi baƙi. Ta miƙe ta fuskanci ƙwaryar da ke kaina, har lokacin tana cikin fushi.

"To, sannu da zuwa. Gidan ba komi cikinai, amma shigo."

Na durƙusa, na jingina ƙwarya, na ɗaga faifai. Da na sake ɗaukarta ba nauyin komai sai na ƙwarya. Na buɗe baki in ba Hajara haƙuri, ta ɗaga mini hannu. "Riƙe abinka. Ka iya shiru tun sahe, ƙara kaɗan." Ta kama tsohuwar ta kai ta gida, ta gasa mata ƙafa da ruwan ɗumi, ni ko kallo ban samu ba har kwana uku.

Mun sha wuya a shekarar nan, ba zan ɓoye muku ba. Turamen Gwamma na sassaƙa su, gidanta suka sami masararsu, ladan aikina bai kai mu ko'ina ba. Hajara ta sayar da tunkiyarta, ta bi da kwanonin jerenta ɗaya ɗaya. Ni na koma dako a tasha, da furfurata ta fara fitowa, ina ɗaukar buhunan wasu. Mun ci ganye iri-iri har da wanda dā awaki muke ba. Allah da ikonsa ba mu binne kowa ba.

Amma duk ranar kasuwa sai ga Gwamma da sandarta, ta tako tun daga ƙauyensu, da ɗan ƙulli a bakin zane. Garin masara ne, bai fi cikin tafi biyu ba. Ta miƙa wa Hajara ta ce, "Ga abincin baƙo." Ta fi ni sanin na ƙirya ba ya cin hatsi, raɓa yake sha. Hajara ma ta sani. Sai ta karɓa da hannu biyu ta ce baƙo ya gode, ta dama wa yara kunu. Haka suka yi ta yi, ba wadda ta taɓa yin dariya, har aka ci tumu. Mun ɗauka daga rabon gidan ake ɗebowa, tunda sun sami masara.

Bayan kaka ne Hajara ta haɗu da matar Lawali a wajen wani suna. Cikin hira matar ta ce ai masarar nan auna ta ake yi kullum, kowa da ɗan rabonsa, ba a taɓa ware na wani baƙo ba. Tsohuwa dai ta ce kada a riƙa tuƙa nata na jajibirin kasuwa da na ranar kasuwa, a ba ta garinsa, wai cikinta ba ya son tuwo kwana biyun nan.

Ina zaune ina wasa gizago Hajara ta shigo, ko mayafi ba ta cire ba. Ta tsaya a kaina.

"Maigida," ta ce, "ashe tuwon tsohuwar nan munka ci."

Ta shige ɗaki. Ni kuwa na zauna da gizago a hannu, ruwan da na zuba wa dutsen ya bushe ban ƙara ko wasa ɗaya ba.